Kundin aikin shirin sauti kan Paul Durcan, sha'irin zambon Ayilan

2 ga Yuni, 2025

An tsayar da shawara: shirin zai kasance kashi shida, kowane kashi minti 22, da mai gabatarwa ɗaya da mai karanta waƙa ɗaya. Paul Durcan ya rasu ranar 17 ga Mayu yana da shekara 80, ya bar littattafan waƙoƙi sama da ashirin, don haka aikin farko shi ne tankaɗe da rairaya. An ware waƙoƙi 40 da za a duba, daga ciki za a tsame 18, uku a kowane kashi. Littafin da aka ɗauka a matsayin uwa shi ne Life Is a Dream na 2009, wanda ya tattaro aikinsa daga 1967 zuwa 2007. Ana gwada shi da A Snail in My Prime na 1993 don tabbatar da littafin da kowace waƙa ta fara fitowa a ciki.

Kowace waƙa tana da katinta mai gida biyar: littafi da shekara, wane ne ke magana a cikinta, muryar wa ya ara, ta jarida ce ko ta kotu ko ta mumbarin coci, wace doka ko wane abu ne ya faru a lokacin, sai kuma abin da za a iya karantawa a iska. Gida na uku da na huɗu su ne ƙashin bayan aikin. Durcan ba ya zage-zage. Yakan sa rigar mai iko, ya yi magana da bakinsa babu ko murmushi, ya bar maganar ta kayar da mai ita. Wanda bai san dokar da ake wa shaguɓe ba zai yi dariya ya wuce, bai san wanda aka soka ba.

9 ga Yuni

An gama jeren shekarun rayuwarsa, shafi biyu. An haife shi a Dublin ranar 16 ga Oktoba, 1944. Mahaifinsa John Durcan lauya ne da ya zama alƙali, ɗan ƙauyen Turlough a yankin Mayo. Mahaifiyarsa Sheila MacBride ɗiyar ɗan'uwan John MacBride ce, wanda Turawan Ingila suka harbe bayan tawayen Ista na 1916, mijin Maud Gonne, fitacciyar 'yar gwagwarmayar 'yancin Ayilan. Wato ɗan manyan gida ne ta kowane ɓangare, ga shari'a ga gwagwarmayar 'yanci, kuma waɗannan biyun su ne ya fi yi wa gugar zana.

Yana karatu a jami'ar Dublin danginsa suka sa aka kai shi asibitin masu taɓin hankali ba da son ransa ba, daga baya aka kai shi wani asibiti a Landan inda aka riƙa yi masa maganin jona lantarki a kai. Shi da kansa ya ba da wannan labari a fili, saboda haka za a faɗe shi, amma a jimla uku kawai a kashi na farko. Sauran a bar wa waƙoƙin. Littafinsa na farko, Endsville, shi da Brian Lynch suka fitar a 1967. Ya koma Cork, ya karanta ilimin tona kayan tarihi da tarihin tsakiyar zamani a jami'ar garin. Ya ci kyautar Patrick Kavanagh a 1974, littafinsa na shi kaɗai ya biyo baya a 1975. Aurensa da Nessa O'Neill, uwar 'ya'yansa mata biyu, ya mutu a 1984. Daga 2004 zuwa 2007 shi ne ke riƙe da kujerar Farfesan Waƙa ta Ayilan.

21 ga Yuni

Gwajin farko, da waƙar matar da ta fasa talabijin aka ɗaure ta, daga Teresa's Bar na 1976. Ginin waƙar rahoton kotu ne irin wanda jarida ke bugawa. Miji ne ke ba da shaida: yana zaune da yara suna kallon Kojak, shirin ɗan sandan nan na Amurka, matar ta shigo ta ce a kashe, bai kashe ba, ta cire takalmi ta ragargaza akwatin. Abin da ya fi damun mijin shi ne kada ƙarshen shirin ya wuce shi, sai ya kwashi yaran ya tafi gidan mahaifiyarsa suka ƙarasa kallo a can. Hujjar matar ita ce gara iyali su zauna a mashaya suna hira da su zauna gaban akwati kowa ya yi gum. Alƙali ya ce mace irin wannan barazana ce ga iyali, har ma ana iya cewa talabijin ita ce tushen iyali. Ya ɗaure ta, ya hana ɗaukaka ƙara.

An kunna wa masu sauraron gwaji ba tare da gabatarwa ba. Mafi yawansu sun ɗauka shari'a ce da aka yi da gaske, tambayarsu ita ce wata nawa aka ba ta. Dalili a bayyane yake. A rubuce, ido yana ganin ɗango-ɗango ya san waƙa ce. A kunne babu wannan alama, domin waƙoƙin Durcan galibi ba ƙafiya ba kari, layukan dogaye ne kamar zance, kuma rediyo ita ce gidan labarai. An sake gwadawa da doguwar gabatarwa ta minti uku, sai abin ya mutu ta ɗaya gefen: an riga an gaya musu inda za su yi dariya, babu wanda ya yi.

Abin da ya yi aiki daƙiƙa 40 ne, abu biyu kacal. Na farko, cewa wannan shari'a sha'irin ne ya ƙirƙire ta. Na biyu, cewa sashe na 41 na kundin tsarin mulkin Ayilan na 1937 ya kira iyali tushen al'umma na asali, kuma sashen nan ne ya yi maganar matsayin mace a cikin gida. Da wannan a kunne, idan alƙali ya ɗora talabijin a kan kujerar iyali, mai sauraro ya san daga wane littafi aka ɗauko maganar. Wani ƙarin bayani, kamar cewa gidan talabijin na ƙasar ya fara aiki ne a daren ƙarshe na 1961, an mayar da shi bayan karatu. Ƙa'idar da za a bi ke nan a duk shirin: kafin waƙa doka da shekara, bayan waƙa sharhi.

5 ga Yuli

An jera waƙoƙin da kanunsu ke kama da kanun jarida. Akwai wadda ke cewa manyan limaman cocin Ayilan sun haramta hoto mai kala. Akwai wadda ke cewa Margaret Thatcher, 'yar siyasar Birtaniya da ta zama firaminista, ta shiga ƙungiyar IRA, ta 'yan bindiga masu neman raba Ayilan ta Arewa da Birtaniya. Akwai ta ministan da ya buɗe gidan mazan da matansu ke duka, da ta babban limamin Dublin da zai shirya fim. Duk ƙirƙira ce, kuma wadda aka yi wa hoto mai kala ta fi kowace iya kwaikwayon harshen sanarwa: taro, matsaya, gargaɗi ga mabiya, har mai karatu ya fara tunanin ko ya taɓa jin haka a labarai.

Tarkon yana wani wuri. Waƙar 'yan zuhudu mata shida da suka mutu a gobara ita ma kan jarida gare ta, sak irin na sauran, amma gaskiya ce. Gobarar ta tashi a gidan zuhudun Loreto da ke bakin dandalin St Stephen's Green a Dublin ranar 2 ga Yuni, 1986, mata shida suka rasu. Waƙar tana cikin Going Home to Russia na 1987, ɗaya daga cikin mamatan ce ke magana, kuma babu ba'a a ciki ko ƙanƙani, girmamawa ce. Wanda ya saba da sauran zai shiga wannan da murmushi a baki, abin ya zama cin mutunci. Yanzu kowane kati yana da alama a kusurwa: ja ga ƙirƙira, baƙi ga abin da ya faru. Ba za a haɗa ja da baƙi a jere ba sai mai gabatarwa ya shiga tsakani, aƙalla minti ɗaya.

Wannan waƙa ta sauya tsarin kashi na uku. Ba za a gabatar da Durcan a matsayin maƙiyin addini ba, domin rubutunsa bai nuna haka ba. Da masu riƙe da sandar yake, ba da masu ibada ba.

14 ga Yuli

Haƙƙin mallaka. A dokar Ayilan ta 2000 haƙƙin marubuci yana nan har shekara 70 bayan rasuwarsa, wato ayyukan Durcan ba za su zama na kowa ba sai bayan 2095. Juya waƙa zuwa wani harshe da karanta ta a iska duk suna buƙatar izini. An aika wasiƙa ɗaya mai ɗauke da sunayen waƙoƙi 18, yawan layukan da ake so daga kowace, inda za a watsa, da cewa ba na sayarwa ba ne. Kafin amsa ta zo ana rubuta kowane kashi iri biyu: mai cikakken karatu, da mai ba da labarin waƙar da bakin mai gabatarwa.

An cire waƙar da ya yi da mawaƙi Van Morrison a faifan Enlightenment na 1990, inda yake jero sunayen tsoffin tashoshin rediyo, su Luxembourg da Athlone da Hilversum. Ta dace da shirin rediyo ƙwarai, amma haƙƙin faifai dabam yake da na rubutu, izini na biyu ke nan daga kamfanin kiɗa. Za a ambace ta kawai.

28 ga Yuli

Kashi na uku, coci da doka. An haɗa jadawalin shekaru da mai gabatarwa zai riƙa tsinka daga ciki. Dokar 1935 ta hana shigowa da sayar da kayan hana ɗaukar ciki. Kotun ƙoli ta karya wani ɓangare nata a shari'ar McGee a 1973. A 1979 Charles Haughey yana ministan lafiya ya kawo dokar da ta halatta su, amma sai da takardar likita, aka sassauta a 1985. A watan Satumba na 1979 Fafaroma John Paul na Biyu ya zo, sama da mutum miliyan ɗaya suka taru masa a Phoenix Park. Saki kuwa kundin 1937 ne ya haramta shi ɗungurungum. An yi ƙuri'ar raba gardama a watan Yuni na 1986, kusan kashi 63 cikin ɗari suka ce a bar haramcin. Sai a Nuwamba 1995 aka ɗage shi, da ratar ƙuri'a 9,114.

Wannan jadawalin ne ke buɗe waƙarsa kan ƙuri'ar 1986, inda mutum ya je coci don addu'a sai ya tarar huɗuba ta koma kamfe. Mai rubutun aurensa ya mutu shekara biyu kafin nan, a ƙasar da doka ba ta san aure na mutuwa ba. Ga mai sauraron da saki da idda da kome sanannun abubuwa ne a wurinsa, sai an faɗa masa ƙarara cewa a Ayilan ta wancan lokaci miji da mata za su iya rabuwa shekara ashirin, kowa da gidansa, amma babu mai iya sake aure. In ba a faɗa ba, zafin waƙar zai zo masa kamar ya yi yawa.

An sa The Berlin Wall Café na 1985 a kashi ɗaya da wannan. Littafin mutuwar auren ne, kuma wanda aka fi yi wa ba'a a ciki shi ne mijin. A nan ya bambanta da zambon makaɗan fada, inda ake ɗaga ubangida a tozarta abokin hamayya: Durcan ba shi da ubangida, kuma yakan ajiye kansa a layin farko na waɗanda za a tsiga.

Waƙar masoyan da ke ƙofar fadar shugaban ƙasa, wadda tsoho Éamon de Valera ke fitowa da bindiga ya tsawatar musu, za a ba da labarinta ne kawai, ba za a karanta ba, saboda lokacin da iyali ke sauraro. Bayanin da take buƙata gajere ne: de Valera ya zauna a fadar daga 1959 zuwa 1973, idonsa ya kusa tafiya gaba ɗaya, kuma shi ne uban kundin 1937.

11 ga Agusta

Kashi na huɗu, mahaifi. Daddy, Daddy ya fito a 1990 bayan rasuwar alƙalin, ya ci kyautar Whitbread ta waƙa a shekarar. Waƙar wasa ita ce tsakiyar kashin. Ranar da ya cika shekara 21 an sa shi tsaron gida wa ƙungiyar asibitin mahaukata na Grangegorman, za su kara da ta asibitin Mullingar. Uban ya tuƙo mota mil hamsin ya zo kallo. Ɗan ya yi ta faɗuwa a ƙafafun 'yan gaba don ya burge shi, ƙungiyarsa ta ci wasa, uban ya miƙa masa hannu ya ce ya yi ƙoƙari. Iyakar yabon ke nan.

Abu biyu suka buƙaci gyara. Ƙwallon na Gaelic ne, ba irin wanda aka saba gani ba: idan ta shiga raga maki uku, idan ta bi ta saman sanda maki ɗaya. Sakamakon da waƙar ta bayar, raga 14 da maki 38 a kan raga 3 da maki 10, ya kama 80 da 19. Sai an yi wa mai sauraro wannan lissafi kafin ya gane cewa adadin da kansa wasa ne. Na biyu muryar karatu. A ɗaukar farko mai karatu ya bi barkwancin, ya ɗaga murya wajen kwatanta 'yan wasan, sai ƙarshen ya zo babu nauyi. An sake ɗauka da murya ɗaya daga farko har ƙarshe, kamar mai ba da shaida, da shiru na daƙiƙa biyu kafin maganar uban. Haka Durcan kansa yake karatu a bainar jama'a: ya tsaya shiru sai ɗaki ya natsu, sannan ya fara a hankali, ba ya taya masu sauraro dariya.

An haɗa ta da waƙar tafiya Mayo a hunturun 1949, yaro ɗan shekara biyar a kujerar gefen mahaifinsa cikin tsohuwar mota Ford Anglia, yana ƙirga garuruwan hanya, Kilcock, Kinnegad, Strokestown, Elphin, har Turlough. Uban nan ne dai, amma a nan abokin tafiya ne. An rubuta wa mai karatu lafazin kowane gari a gefen takarda, domin rubutun sunayen Ayilan ba ya nuna yadda ake faɗarsu.

19 ga Agusta

Na'ura. Ana ɗauka a 48 kHz, 24-bit, baki taƙi ɗaya daga makirfo, a ɗan karkace don kada iskar "f" da "t" ta bugi kan. An sami ƙugi a ƙasan sautin kashi na biyu. Daga wayar caji ne, kwamfuta tana jone da wutar janareta. An koma batir, an kuma yanke duk abin da ke ƙasa da 80 Hz. Fanka a kashe lokacin ɗauka, a huta kowane minti goma.

Wata matsalar daga manhajar gyara take. Tana da saitin da ke datse shiru da kansa, ya cinye duk tsayawar da aka sa da gangan a waƙar wasa. An kashe shi, ana yanka da hannu. Ƙarfin sauti −16 a ma'aunin LUFS. Fitarwa MP3, 64 kbps, murya guda, minti 22 yana kama megabait 10 da rabi, zai wuce ta WhatsApp ba tare da ya ci data ba. Mai gabatarwa yana cin kalma kusan 130 a minti, don haka rubutunsa a kowane kashi kada ya haura kalma 1,700, sauran lokacin na waƙa ne.

1 ga Satumba

Kashi na biyar, rikicin Ayilan ta Arewa. Duk katunan baƙaƙe ne. Bama-baman Dublin da Monaghan na ranar 17 ga Mayu, 1974 sun kashe mutum 33 da jaririn da ke ciki. Ƙungiyar UVF ta masu goyon bayan zama da Birtaniya ta amsa laifin a 1993. Ranar da Durcan ya rasu ita ce ranar cika shekara 51 da wannan hari, za a faɗa sau ɗaya a wuce. Sai kisan mawaƙan Miami Showband uku ranar 31 ga Yuli, 1975, su ma UVF. Sai otal ɗin La Mon a Fabrairu 1978, inda bam ɗin IRA ya ƙona mutum 12. Sai bam ɗin garin Omagh, 15 ga Agusta, 1998, mutum 29.

Gurbi uku ne, waƙoƙi huɗu. Zaɓin ba na kyau ba ne kawai. Idan aka ɗauki biyu na UVF aka bar La Mon, an mayar da shi ɗan ɓangare, alhali abin da ya fito da shi daban a cikin dangin MacBride shi ne bai yi wa kisan kowane ɓangare uzuri ba. An ɗauki Dublin, La Mon da Omagh, a ambaci Miami Showband a gabatarwa. An cire kiɗan buɗewa daga wannan kashi. Waƙar Thatcher, duk da batunta ɗaya ne, ta koma kashi na biyu wurin 'yan'uwanta jajaye.

15 ga Satumba

Kashi na shida yana da kaya fiye da lokacinsa: waƙoƙin zane-zane na Crazy About Women na 1991 da Give Me Your Hand na 1994, baitinsa da Mary Robinson ta kawo a jawabinta lokacin da ta zama shugabar ƙasa a 1990, waƙar ziyarar da aka kai shi yana yaro gidan tsohuwa Maud Gonne ya tsorata ya ruga, da kuma littafin 2012 inda ya juya kan 'yan banki bayan tattalin arzikin ƙasar ya rushe har aka nemi ceton Yuro biliyan 85 a 2010. Waƙoƙin zane sun fita, tunda mai sauraro ba ya ganin hoton, kuma kwatanta shi yana cin minti biyu kafin a kai ga ɗango na farko. Na 'yan banki sun shiga, su ne ke nuna cewa da ikon ya tashi daga hannun limamai ya koma hannun masu kuɗi, sha'irin ya bi shi can.

Inda aiki ya tsaya: kashi na ɗaya, na biyu da na huɗu an haɗa an gama. Na uku yana jiran a rage masa daƙiƙa 50 daga jadawalin dokoki. Na biyar an ɗauka, ba a gyara ba. Na shida rubutu ne tukuna. Ba a sami amsar izini ba. In har ƙarshen Oktoba babu, za a saki nau'in da mai gabatarwa ke ba da labarin waƙoƙin, wanda zai buƙaci sake ɗaukar minti shida zuwa bakwai a kowane kashi.